Yadda Ake Tsallake Layin Dogo a Kano Lafiya, Mataki Bayan Mataki

Tambayoyi uku ne suka fi dawo mini a kan wannan batu. Wani mai Adaidaita Sahu ya ce shi dai a faɗa masa nisan da zai tsaya daga ƙarfen. Wata baiwar Allah da ke kai 'ya'yanta makaranta kullum da safe ta ce idan motarta ta mutu a kan dogo, me za ta fara yi? Na ukun kuma yana son sanin ko gaskiya ne dogo yana da maganaɗisun da ke kashe inji idan jirgi ya matso. Zan amsa su duka, amma a jere, yadda abin yake zuwar wa mutum a kan hanya.

Layin da ya shigo Kano daga Zariya ta Challawa da Sharada yake bi ya kai tasha, wani kuma ya fita gabas ta Jogana da Ringim da Malam Madori har Nguru. Gari ya girma ya rungume layukan nan, gidaje da shaguna da garejoji sun matso jikinsu, tituna manya da ƙanana sun gitta su. Jirgi kuwa ba kullum yake wucewa ba, kuma a ganina nan haɗarin namu yake. Wanda ya tsallaka sau ɗari bai ga jirgi ba, a na ɗari da ɗaya ba ya ko waiwaye. Sabo turken wawa ne, in ji Bahaushe.

Riƙe wannan lissafin kafin mu fara. Jirgin da ke gudun kilomita 40 a awa yana cinye mita 11 a kowace daƙiƙa. Idan ka hango shi daga mita 100, daƙiƙa 9 ke gare ka. Ba shi da sitiyarin da zai kauce maka. Tayarsa ƙarfe ce a kan ƙarfe, ga nauyin taragai na tura shi daga baya, don haka ko direban ya danne birki gaba ɗaya sai ya yi ɗaruruwan mitoci yana ja kafin ya tsaya. Jirgin kaya mai tsawo da ke gudu sosai yakan wuce kilomita guda.

1. Tun daga gida

Abu huɗu ne ke kashe mota a kan dogo: batir mai rauni, kulocin da ya cinye, injin da ke mutuwa idan an ɗaga ƙafa daga totur, da tankin da ya kusa ƙafewa. Idan motarka sai an tura take tashi da safe, kuma hanyarka ta gitta layi, to gyaran batir ya riga komai. Mai Adaidaita da ke lallaɓa ɗan man da ya rage don ya kai gidan mai, ya sauke fasinja kafin layin ko ya canza hanya.

Ka ajiye tocila mai haske da jan ƙyalle babba a mota, tare da alamar nan mai kusurwa uku da jami'an hanya suke tambaya. Tocila da ƙyalle ba wani kuɗi ba ne, a kowace kasuwar unguwa ana samu, amfaninsu kuma yana mataki na 9. Sannan ka sa lambobi biyu a waya: 112 ta kiran gaggawa ta ƙasa, da 122 ta Hukumar Kiyaye Haɗura.

2. Gane wurin tun daga nesa

Alamar hanya mai kusurwa uku da hoton shinge a ciki tana nufin akwai ƙyaure ko sandar tare hanya a gaba. Mai hoton kan jirgi tana nufin babu shinge, kai ne mai gadin kanka. A bakin layin kuma akan kafa alama mai kama da harafin X. Sai dai kada ka dogara da ganinsu. Wasu sun faɗi, wasu fastoci sun rufe su, wasu rumfar mai shayi ta kare su, ƙananan hanyoyin da mutanen unguwa suka buɗe da kansu kuwa ba a taɓa kafa musu komai ba. Ka haddace wuraren da hanyarka ta yau da kullum take gitta dogo, ka fara rage gudu tun kafin ka iso.

Gargaɗi: ba a wuce motar gaba a dab da layi. Wataƙila abin da ya sa ta rage gudu shi ne jirgin da jikinta ya kare maka.

3. Inda ake tsayawa

Aƙalla mita 5 daga ƙarfen da ya fi kusa da kai, wato kamar tsawon ƙaramar mota guda da ɗan ƙari. Idan akwai layin tsayawa a kwalta ko sandar tare hanya, tsaya a bayansu.

Mutane da yawa suna auna faɗin jirgi da faɗin dogo, kuma kuskure ne babba. Tsohon layinmu faɗinsa mita ɗaya ne da 'yan santimita, milimita 1,067 daidai, amma jikin tarago ya fi haka faɗi nesa, yakan leƙo kusan mita guda ta kowane gefe. Ƙara da igiya ko waya ko ƙyauren tarago da zai iya yin lilo a waje. Adaidaitar da hancinta ke dab da ƙarfe tana cikin hanyar jirgi, ko da tayarta ba ta taɓa dogo ba.

4. Saurara, sannan ka duba

Kashe rediyo, ajiye waya, sauke gilashi ta ɓangarori biyu. Mai Adaidaita da ya saki labulen gefe saboda ƙura ko ruwa ya ɗage shi, ya rage sautin sifika. Ka duba dama, ka duba hagu, ka sake duba dama. Idan katanga ko rumfa ko motar da aka ajiye ta kare maka layin, matsa a hankali har ka ga miƙewarsa, amma kada ka shiga cikin mita biyar ɗin nan ba tare da ka gani ba. Babbar mota ta sauke yaron mota ya je da ƙafa ya duba ya ɗago hannu.

Ido yana yaudara a nan. Abu mai girma idan ya nufo ka kai tsaye sai ka ga kamar rarrafe yake yi, kamar kuma yana da nisa. Fitilar jirgi da daddare ma haka, kamar tana tsaye wuri ɗaya. Don haka ba a aunawa a ce "ai zan riga shi". Ka gan shi ko ka ji odarsa, magana ta ƙare, ka jira.

Gargaɗi: a lokacin hunturu, ranar da hazo ya sauka, kunne ya fi ido aiki. Haka da asuba da bayan magariba. Kuma kada ka ce ai yau ba ranar jirgi ba ce. Jirgin kaya da kan jirgi da ke tafiya shi kaɗai da keken ma'aikatan gyaran layi ba sa bin jadawalin fasinja.

5. Duba tsallaken kafin ka taka

Wannan ne matakin da na fi so a riƙe, don a Kano ba gudu ne ya fi jefa mutane a kan dogo ba, cunkoso ne.

Kada ka hau layi sai ka ga gurbin da zai ɗauke motarka gaba ɗayanta a can tsallaken, da rarar mita biyar a bayanta. Gurbin da kake gani da idonka yanzu nake nufi, ba wanda kake zaton zai samu idan na gaba ya matsa ba. Na gaban yana iya tsayawa ɗaukar fasinja, yana iya mutuwa, mai kura yana iya gittawa gabansa. Idan ka bi shi a manne, na bayanka ma ya manne maka, ka shiga tarko: ba gaba, ba ribas, ga ka a tsakiyar ƙarfe.

Na taɓa zama a bayan Adaidaita da yamma, lokacin tashi daga kasuwa, aka yi carko-carko a bakin layi. Matuƙin, yaro ne matashi, ya cusa kai yana bin wata bas. Wata dattijuwa da ke gefena ta dafa ƙarfen kujerarsa ta ce, "Ɗan nan, don girman Allah dakata, bari na gabanka ya fita tukuna." Ya ce, "Baba, ai jirgi ba ya zuwa yanzu." Ta ce, "To ni sauke ni a nan, in ya so ka hau kai kaɗai." Ya ja birki. Bas ɗin nan kuwa tana hawa ta tsaya cak, ta daɗe a kan dogo saboda wani ya tare gabanta yana sauke buhuna. Jirgi bai zo ba ranar, alhamdu lillahi. Amma tun daga nan na gane fasinja ma yana da haƙƙin magana, kuma ya kamata ya yi ta.

Za a danna maka oda daga baya, wani ma ya leƙo ya yi maka baƙar magana. Ƙyale shi. Ba shi zai zauna a kan ƙarfen ba.

Direban tirela da tanka da tifa, naka lissafin ya fi tsanani. A littafin koyar da direbobin manyan motoci na Amurka an ƙiyasta cewa tirela tana buƙatar aƙalla daƙiƙa 14 kafin ta fice daga layi guda. Haɗa wannan da lissafin farko: a daƙiƙa 14 jirgi mai gudun kilomita 40 ya ci sama da mita 150. Kanka ya tsallaka ba ya nufin ka tsallaka, bodin da ke bayanka shi ne abin dubawa.

6. Tsallakawar kanta

Sa giya ta ɗaya tun kana tsaye, ka tafi da ita har ka fita. Ba a canza giya a kan dogo, nan ne mota take shaƙewa ta mutu. Kada ka taka da gudu don tudun wurin da ramukan da ke tsakanin ƙarafa suna iya fizge sitiyari, kada kuma ka yi sanyin da inji zai mutu. Tafiya ɗaya, ba tsayawa, ba ɗaukar fasinja, ba ba da canji.

Game da maganaɗisu: babu shi. Dogo ba ya kashe inji. Abin da ke faruwa shi ne direba ya hango jirgi ya firgita, ya saki kuloci da ƙarfi ko ya sa giyar da ba ita ba, ga taya ta faɗa rami, sai mota ta mutu. Daga nan hannu na rawa, a kasa tayar da ita. Na damu da wannan camfin ne don yana sa mutum ya ɗauka ba shi da abin yi, alhali gyaran batir da natsuwa a kan kuloci suna hannunsa.

Mai babur da mai keke su gitta ƙarfen a miƙe, ba a karkace ba. A gefen kowane ƙarfe akwai kwarmin da bakin tayar jirgi ke bi, siririyar taya tana faɗawa ciki ta kayar da mutum. Da damina ƙarfen santsi yake yi kamar an shafa masa mai.

Gargaɗi ga mai mota mai ƙasa-ƙasa, da tirelar da ke ɗauko katafila: inda layin ya yi tudu, cikin mota yana iya zama a kan ƙarfe tayoyi su rataye. Idan kana shakka, sauka ka duba, ko ka zaga ta inda akwai gada. Man da za ka ƙona a zagayen shi ne duk kuɗin da abin zai ci maka.

7. Idan an tare hanya

Mai tuta, wato ma'aikacin da ke gadin matsallakar dogo, ya ɗaga ja, ko an sauke sanda, ko an ja ƙyaure, ko jami'in KAROTA, hukumar kula da zirga-zirgar ababen hawa ta Kano, ya ɗaga hannu: tsaya. Ba a zagaye shinge, ba a sunkuya a bi ta ƙarƙashinsa. A watan Maris na 2023 a Ikeja ta jihar Legas, jirgi ya kwashi wata bas ta ma'aikatan gwamnati da safe suna hanyar ofis, mutum 6 suka rasu, da dama suka jikkata. Jami'ai sun ce an ba direban alamar tsayawa, sauran motoci sun tsaya, shi ya kutsa.

Akwai wata ɗabi'a tamu da ya kamata a bari. Da an tare hanya sai a cika hannun masu zuwa da wanwe, na wancan gefen ma su yi haka. Ana buɗewa sai a yi gaba da gaba a tsakiyar dogo, kowa ya rasa hanya. Ka tsaya a hannunka, a bayan na gabanka.

Bayan taragon ƙarshe ya wuce ma kada ka zabura. Kusa da tasha da wajen masana'antu akwai inda layi ya fi ɗaya, jirgin farko yana iya ɓoye na biyu, ƙararsa kuma ta danne tasa. Jira ya yi nisa, ka sake duba ɓangarori biyu, ka jira izinin mai tuta in akwai shi.

8. Idan mota ta mutu a kan dogo

Amsar baiwar Allahn nan ke nan: mutane tukuna. Kafin ki sake murɗa makulli, kafin ki kira kowa, buɗe ƙofofi ki fitar da yara. Ki tuna in kin sa makullin yara a ƙofofin baya, daga waje kawai suke buɗewa, don haka ke za ki zaga ki buɗe. Jaka da waya da kwandon abinci su zauna. Mai Adaidaita ya ɗaga murya sarai: "Hajiya, ku sauka, ku yi nesa da layin!" Ya fara da tsofaffi da mai goyo.

Idan kowa ya fita, kuma ba a ganin jirgi ba a jin sa, sa mutum ɗaya ya tsaya yana kallon kowane ɓangare, ka sa mota a firi, ka saki birkin hannu, a tura. A Kano ba a rasa masu turi, kira kawai za ka yi. Tsohuwar mota mai giyar hannu takan yi tsalle gaba idan aka sa ta a giya ta ɗaya aka murɗa makulli ba tare da taka kuloci ba, hakan yana iya fitar da ita daga kan ƙarfe. Amma dabara ce ta lokacin da layi yake fayau.

Idan kuwa an hango jirgi ko an ji oda, a bar motar. Inda ake gudu kuma ba inda zuciya ke rayawa ba ne. Ka nufi ɓangaren da jirgin yake fitowa, kana karkacewa kana nisantar layin. Dalili: in ya daki motar, gaba zai watsa ta da tarkacenta, wato inda ya dosa. Wanda ya gudu ta can, tarkacen zai same shi.

9. Yadda ake yi wa jirgi alama

Idan abin ya ƙi turuwa, kamar tirela mai kaya, a sanar da mai tuta ko ma'aikacin reluwe mafi kusa nan take, a kira 112. A faɗi wurin da sunan titi da unguwa da wata shaida da kowa ya sani. A kuma tura mutum biyu, ɗaya kowane ɓangare, su bi gefen layin, ba tsakiyarsa ba, su yi nisa iyakar iyawarsu. Da rana a kaɗa jan ƙyalle, in babu a ɗaga hannu biyu sama. Da dare a kaɗa tocila da ƙarfi. Tsayawa a jikin motar ana ɗaga hannu ba ya amfani, don lokacin da direban jirgi zai gani, filin birki ya riga ya ƙare masa.

10. Mai ƙafa, mai kura, mai talla

Layin dogo ba hanyar yanke ba ce, ko da ta fi kusa zuwa kasuwa ko makaranta. Wanda dole ya gitta, ya cire abin sauraro daga kunne, ya duba, ya tsallake ƙarfen ba ya taka kansa ba. A guji wajen canjin layi, inda ƙarafa ke haɗewa su rabu, yana kama ƙafa. Jirgin da ke tsaye kuma ba a bi ta ƙarƙashinsa ko tsakanin taragai, yana iya motsawa ba sanarwa.

Ɗan garuwa da mai kurar kaya su nemi wanda zai kama musu kafin su hau, don ƙaramar taya tana maƙalewa a kwarmin nan, kuma jarkoki cike da ruwa ba sa ɗaguwa da hannu ɗaya. In ta maƙale jirgi na zuwa, a sake ta. Mai kora dabbobi ya tara su a gefe tukuna, ya tsallakar da su a dunƙule.

Masu baza kaya a bakin layi, na san neman halak ne, na kuma san wurin zama a kasuwa tsada gare shi. Amma a tuna da mitar nan da tarago ke leƙowa, a ja tebur da lema baya, kada kuma a kare wa direbobi ganin layin. Iyaye da malaman makarantun allo da na Islamiyya da ke kusa da dogo, a kai yara bakin wurin da ƙafa a nuna musu inda ake tsayawa, a hana su zama a kan ƙarfe da jera duwatsu a kai da jifan taragai. A fara tun yanzu, domin a 2021 aka ƙaddamar da aikin sabon layin Kaduna zuwa Kano da na Kano zuwa Maraɗi, masu faɗin milimita 1,435, irin na Abuja zuwa Kaduna. Jirgin irin wannan layi in yana gudun kilomita 100 a awa, kusan mita 28 yake ci a daƙiƙa ɗaya. Yaron da ya saba da tafiyar tsohon jirgi ba zai iya auna wannan ba.

11. Idan haɗarin ya riga ya faru

Fara tabbatar da cewa wani jirgin ba ya tafe, sannan ka kira 122 ko 112. Mutum ɗaya ya karɓi ragamar magana, a matsar da 'yan kallo, a buɗe hanyar motar asibiti. Masu ɗaukar hoto da waya su ji tsoron Allah su ajiye, akwai iyalan da bai kamata su fara ganin nasu a Facebook ba.

Inda jini ke zuba, a danne da ƙyalle mai tsabta da ƙarfi, kada a ɗaga ana leƙawa. Wanda ke kukan wuya ko baya, ko ya ce ba ya jin ƙafafunsa, kada a ciccibe shi a cusa a Adaidaita, sai in wuta ko wani haɗarin zai cim masa a wurin. In dole ne a ɗauke shi, a shimfiɗe shi a kan ƙyaure ko faffaɗan katako, mutum ɗaya ya riƙe kansa daidai da jikinsa. Kada a ɗura wa wanda ya suma ruwa.

Idan tankar mai ce abin ya shafa, a yi nesa, a kashe injuna, a hana kowa zuwa da bokiti. Abin da ya faru a Majiya ta jihar Jigawa a watan Oktoba na 2024, inda sama da mutum 150 suka rasu wajen kwasar man tankar da ta faɗi, bai yi nisa da mu ba.

A kai masu rauni babban asibiti mafi kusa da ke da sashen gaggawa, kamar Asibitin Murtala ko na Malam Aminu Kano. Karaya mai tsanani kuma Asibitin Ƙashi na Dala ne wurinta. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin duba wanda ke cikin halin gaggawa. Wanda ya raka su ya riƙe lokacin da abin ya faru, da ko mai raunin ya suma ya farfaɗo, don likita zai tambaya.